Ƙyauren Ɗakin Inno

Inno ta matso da fuskarta har hancinta ya kusa taɓa gilashin kwamfutata.

"Wanga rumbu wa yag gina shi?"

"Ni ce, Inno," na ce, ina washe baki.

"To ruwan hwari za shi kada shi. Ba a aza rumbu ƙasa, sai bisa duwatsu."

Wata uku na yi ina tayar da ƙauyensu, Tungar Yari, daga ƙarƙashin ruwan Bakolori, gida-gida, saboda fim ɗin tarihin dam ɗin. Sana'ata ke nan: abin da kyamara ba ta riska ba, ni nake ƙera shi a kwamfuta har ya zama kamar ɗaukarsa aka yi. Tsohuwar taswira kawai gare ni da hotuna biyu da suka dushe. Ga shi tsohuwa ta rushe mini aiki da kallo ɗaya. Raina ya sosu, amma na ɗauki biro.

*

Shekara arba'in da 'yan kai ke nan da aka kwaso su a manyan motoci, aka zube su kan tsandauri a wajen Maradun. Mijinta Giɗaɗo ya bi manoman da suka fita neman haƙƙin gonakinsu, bai dawo ba, babu kuma wanda ya nuna mata kabarinsa. Tun daga nan ba wanda ya zo ya tambaye ta komai. Jikokinta ma, in ta ɗauko zancen garin, sai su ce rikicin tsufa ne.

Kwana huɗu tana gyara ni. Tsamiyar gabas da masallaci take, rijiyar kuma bakinta a karkace. Abin da na zo da shi zane ne. A bakin Inno ya zama gari, kuma har gobe ina gode mata. Jikokin da ke mata dariya suka dawo suna leƙe ta kafaɗarta.

Ran na biyar na tsayar da hoton a tsakar tsohon gidanta.

"Husaina, ɗiyata," ta ce, "randa anka kwashe mu, direba na ta danna oda, ban samu na ja ƙyauren ɗakina ba. Har yau in na kwanta ina jin ruwa na shiga. Kina iya ruhe min shi?"

Aikin minti ashirin ne. Na kunna mata. Ƙyauren ya taho a hankali, ya rufe.

Ta sauke numfashi, ta kama hannuna da hannayenta biyu. "Allah shi yi miki albarka. Allah shi ruhe miki asiri yadda kinka ruhe min."

Na ce amin, idona na ƙasa. Ban iya gaya mata ba cewa a fim ɗin, daƙiƙa goma bayan wannan, ni ce kuma zan sako ruwan.