Abin da Gildas Ya Hana a Danna

"Kada ka taɓa komai," in ji maƙwabcina Papa Dossa daga kan gado. Amma na riga na danna.

Rubutu ne ya fito a talabijin yana tambaya ko a sabunta manhajar. Shekara talatin na yi ina gyaran rubutun jarida a Kwatano. In na ga abu na neman gyara, hannuna ba ya jira. Allon ya yi baƙi.

Abin da ke haɗe da talabijin ɗin tsohuwar na'urar wasa ce da ɗansa Mahuna ya bari ranar da zai tafi Beljiyam. Gildas, mai gyara a kasuwar Dantokpa, ya fasa mata kulle, ya ɗora mata wata manhaja, aka koma kallon bidiyon intanet da ita. Sharaɗinsa ɗaya ne: kada a kuskura a sabunta ta. Kowa a gidan ya sani.

Mahuna ba ya kira. Bidiyo yake sakawa don duniya, uban ya kalla kamar kowa. Ranar ya saka na baftismar 'yarsa, jikar da tsohon bai taɓa gani ba.

"Sannu, mai ilimi," in ji matar Papa Dossa, Maman Mahuna. "Ni da ban yi boko ba, shekara uku hannuna bai je wurin ba."

Na miƙa wa Papa Dossa wayata don ya kalli bidiyon. Ya kai ta har hancinsa. Ciwon suga ya cinye masa ido.

"A wannan kwalin ashanar? Wanne ne jaririyar, wanne ne fadan coci?"

Na hau babur zuwa kasuwa, na'urar a cikin leda.

"Tonton, wane gwani ne ya danna?" in ji Gildas, yana kirana kawu da Faransanci.

"Ni ne."

Ya yi dariya. "Sai jibi."

"Mutumin ba shi da jibi."

"Gaya mata," ya ce, yana nuna na'urar da sukudireba.

Washegari da hantsi Papa Dossa ya rasu. Kokon da aka dama masa ya huce a kan kujera.

Ran Alhamis na dawo da na'urar. Maman Mahuna ta nuna mini talabijin ɗin.

"Kunna," ta ce.

Jaririyar ta cika allon, cikin farar riga, ana zuba mata ruwa a ka tana tsala kuka. Tsohuwar ta tashi, ta kama talabijin ɗin da hannu biyu, ta juya fuskarsa wajen gadon. An riga an cire zanen, sai katifa.