Ɗakin da Ba a Harbin Yaya

A shagon gyaran waya na Muntaka da ke jikin gidansu a Takur, ba zafin kwano ne ya fi damun Afra'u ba, ba kuma warin gumi da na dalma ba. Ƙwallayen dabino ne. Muntaka ɗan wan babanta ne, kuma in yana wasa sai da dabino a baki. Ya tsotse, ya furzar da ƙwallon duk inda ya ga dama, da yawun da komai, ƙudaje su yi masa caa. Shi ya sa ta zaɓi bencin bakin ƙofa, tana naɗe ƙafafunta cikin hijabi, wayarta a cinya.

Muntaka shi ne kyaftin na ƙungiyarsu ta wasan harbi, irin wanda ake yi a waya, mutum yana kallon fili ta idon sojansa, ba ya ganin komai na jikinsa sai hannu da bindiga. Za a yi gasa a Dutse mako mai zuwa, kowace ƙungiya mutum huɗu. Gurbi uku sun riga sun cika: shi kansa Muntaka, da Misbahu ɗan Kiyawa, da Sharhabilu. Saura ɗaya, kuma mutum biyu ke nemansa, Afra'u da Tasi'u, abokin Muntaka tun firamare.

Tun damina aikinta ɗaya ne, buɗe ɗakin atisaye. A cikin wasan akwai wurin da mutum zai keɓe wa mutanensa fili, ya zaɓi taswira, ya zaɓi irin bindigogi da yawan harsashi, ya sa lambar sirri don kada baƙo ya faɗo. Da Turanci aka rubuta komai, ita kuwa 'yar jami'a ce, sai aka ce aikin nata ne. In ta buɗe ta tura musu lamba, su shiga, ita kuma a ce ta koma kujerar 'yan kallo tukuna, sai ta ƙara ƙwarewa. Ta koma. Wata da watanni tana komawa, ba ta taɓa roƙon kowa ba. Nata wasan a ɗakinta take yi da baƙin da ba su san ko ita wace ce ba, har manyan yatsunta suka yi kanta.

Abin da ba su lura da shi ba, ɗan kallo yana iya shiga idon kowa. Ta idon Misbahu ta fara gani. Muntaka ya saya wa sojansa wata jar riga mai walƙiya, ga sunansa, Barde, yana fitowa a saman kansa da zarar an saita shi. Rannan Barde ya ɓullo tsakiyar fili yana tafiya ɗaɗɗaya, Misbahu ya ɗora saiti daidai goshinsa, sai ya janye hannu ya zuba wa bango harsashi. Muntaka ya juyo a nitse ya kashe shi. Ta koma idon Sharhabilu, shi ɓuya yake yi har jar rigar ta wuce. Tasi'u kuwa ya fi kowa, da gudu yake kai kansa bakin bindigar, in ya faɗi ya ce, "Kai Yaya, wannan hannu naka sai addu'a."

Ta taɓa tare Misbahu a bakin famfo yana alwala.

"Malam Misbahu, jiya ka samu kansa. Me bango ya yi maka?"

Ya yi dariya yana yarfe ruwa. "Haba Malama. Yaya ne fa. Shi ya sa ni a ƙungiyar nan, a shagonsa nake caji. Sai in tashi in fasa masa kai a gaban yara?"

"Hoto ne a waya."

"To ai hoton nasa ne."

Ta dube shi har sai da ya sunkuyar da kai. Duk Dutse ba ta san mai saurin hannunsa ba, ga shi yana zubar da shi a bango saboda kunya. Sakamakon kuwa kowa ya sani. Duk ranar da suka kara da wata ƙungiya ta waje, Muntaka zai fito fili da tafiyarsa ta angwaye kamar yadda ya saba, a ɗauke shi tun kafin ya ga mai harbin, ya buga cinya ya ce sabis ne. Su kuma su amsa, wallahi sabis ɗin yau ba kyau.

Ranar raba gardama, bayan La'asar, suka hallara. Muntaka ya jawo ledar dabinonsa.

"Ke Afra, buɗe mana. Yau har da ke. Kowa ta kansa, ba abokin kowa. Tsakaninki da Tasi'u wanda ya fi kisa, shi ne na huɗu. Kar gobe ki je ki ce wa Baffa na danne ki."

"Zan sa dokokin gasa, Yaya. Yadda za a yi ranar."

"Sa ko na Majalisar Ɗinkin Duniya ne," ya ce, aka yi dariya.

Ta sa. A gasa ba a barin kowa da rigar da ya saya, kowa toka-toka yake fitowa, kuma ana ɓoye sunaye. Maɓalli biyu ne kawai, ta taɓa su, ta tura lamba.

Taswirar wata tsohuwar masana'anta ce, da kwantenoni da matattun motoci. Ana farawa Muntaka ya ce, "Ina jar rigata?" Kowa ya duƙufa a kan wayarsa. Afra'u ta bi gefen katanga, ta ji takun mutum, ta tsaya, ya leƙo ta sauke shi. Tasi'u ya yi tsaki, ta gane shi ne. Can ta hango wani soja yana ratsa tsakiyar fili ba ko waiwaye. Kafin ta ɗaga bindiga wani ya riga ta daga saman kwantena, harbi ɗaya. Sojan ya sake fitowa, ya sake bin hanyar nan, aka sake sauke shi a wurin.

Misbahu ya ƙyalƙyale da dariya, idonsa a waya. "Wai wane sakarai ne wannan? Yana yawo a fili kamar akuyar da ta ɓata a kasuwar Shuwarin. Zo, zo, ɗan albarka. Ga na uku."

Harbin ya tashi. Wayar Muntaka ta yi jajir a hannunsa, kowa na gani.

Muntaka ya ciro ƙwallon dabino daga bakinsa da yatsu, ya ajiye a kan teburin gyara, a hankali. Misbahu ya dubi wayarsa, ya dubi ta Muntaka, dariyar ta bushe a fuskarsa.

"Yaya, wallahi ban san..."

"Yi wasanka," in ji Muntaka.

Amma wasa ya riga ya mutu. Afra'u ta zagayo bayan wata mota ta tarar da soja a tsaye, bindiga a ƙasa. Ta harbe shi. Ta ci gaba ta tarar da wani, shi ma a tsaye, yana kallonta. Tunda ba wanda ya san wane ne Yaya, sai duk suka daina harbi gaba ɗaya. Maza uku masu gemu, kowa ya sandare da waya a hannu, yana tsoron kada ya taɓa babba.

Tasi'u ne ya samo dabara. "Yaya, kana ta ina? Don mu san inda za mu bi."

"Ina wajen tankin ruwa."

"To madalla. A bar wajen tanki."

Afra'u ta nufi tankin ruwa kai tsaye. Yana nan tsaye a sarari, ya ba ta baya. Ta jira ya juyo, don kada a ce ta yi masa kwanton ɓauna, sannan ta sa masa a goshi. Ya sake fitowa, ta sake nemo shi. Sauran ma ba ta bar su ba, duk wanda ta samu a tsaye ta kwantar da shi, ba daɗi ko kaɗan, kamar mai harbin turaku. Da lokaci ya cika sunaye suka bayyana. Nata ne a sama, Misbahu na bi mata, Tasi'u can ƙasa, Barde a ƙarƙashinsa.

Misbahu ya sauka daga kujera ya durƙusa, gwiwarsa a cikin ƙwallayen dabino. "A yi haƙuri, Yaya. Sharrin saitin ɗakin ne."

"Tashi, ba laifinka ba ne." Muntaka ya juyo gare ta. "Wannan ba a lissafa shi. Kin rikita ɗaki, yara sun kasa wasa."

"Na faɗa maka kafin in sa, Yaya. Haka za a yi ranar gasa. Waɗanda za ku kara da su ba su san tankin ruwa ba."

"Kin ji irinta ko? Ƙungiya ladabi take so da haɗin kai, ba iya latsa waya ba. Tasi'u ne na huɗu." Ya ɗan sassauta murya, kamar mai yin kyauta. "Ke ki ci gaba da buɗe mana ɗaki. Nan kam kin iya, ba mai ƙwace miki."

Ta dubi Sharhabilu, ya hau duba cajarsa. Ta dubi Misbahu, yana karkaɗe gwiwa. Ta miƙe ta gyara hijabinta.

"Allah ya ba da sa'a, Yaya. A nemi mai buɗewa."

A bakin ƙofa ƙwallo ɗaya ya manne mata a takalmi. Ta tsaya ta kankare shi a jikin dakalin shagon, ba gaggawa, suna kallo, sannan ta shige gida.

Washegari da hantsi tana zaune a inuwar darbejiyar tsakar gida ta buɗe ɗaki nata, da dokokin gasa. Ta tura lambar a guruf ɗinsu, ta rubuta a ƙasa cewa a nan ana harbin kowa. Ba a jima ba Muntaka ya cire ta daga guruf ɗin. Ta bar ɗakin a buɗe. Ta tsince wa Umma shinkafa, ta dawo, ba kowa. Ta yi wanke-wanke, ta dawo, ta tarar da mutum ɗaya ya shigo, Misbahu, ga saƙonsa: don Allah Malama kada Yaya ya ji.

Ta yi tsaki. Har ta kai yatsa za ta fitar da shi, sai ta tuna harbin nan na saman kwantena. Rajistar gasa mutum huɗu take so, ita kuma a yanzu ita kaɗai ce. Ta danna farawa.

Suka haɗu a lungun kwantenoni. Ya riga ta gani, ta san ya riga ta, amma sai ta ji harsashi yana sauka a bangon gefenta. Ta buɗe makirufo.

"Misbahu, me bangon nan ya yi maka?"

"Ai ɗakinki ne, Malama."

"In ka sake kauce min, zan fitar da kai, kuma da bakina zan gaya wa Yayan naka ka zo."

Suka rabu, kowa ya sake zagayowa. Ta leƙo daga bayan mota, fuskar wayarta ta yi ja tun kafin ta gan shi. Ta saurara ta ji ko zai ba da haƙuri. Bai bayar ba.

"To," ta ce, ta gyara zama a kan tabarma. "Sake."