A Kashe Batirin In Maimaita

Shekara goma sha tara ban tsallaka titin da ke gaban shagona ba. Titin bai wuce taku ashirin ba, amma a ɗaya gefen akwai shagon askin ƙanena, Auta. Ni na koya masa riƙe almakashi, da hannunsa ya faɗa sai ya buɗe nasa daidai inda zan riƙa hango shi ta madubina. Na ce masa a gaban jama'a ko gawata kada ya taɓa. Da bakina na faɗa, babu wanda ya ara mini.

Sai ciwon karkarwa ya kama ni. Mai aski da hannu mai rawa, wa zai miƙa masa wuya? Masu zuwa wurina duk suka soma tuna cewa suna da uzuri. Da magani ya gaza, likitoci suka huda kaina, suka zura siraran wayoyi biyu cikin ƙwaƙwalwa, suka binne ɗan batir a ƙarƙashin fatar ƙirjina. Ranar da aka kunna shi hannuna ya tsaya cak. Na yi kuka, ba na ɓoyewa.

Bayan wata biyu, wata safiya ina goge reza, na hango Auta yana ɗaga ƙofar shagonsa da ƙyar, ya dafe ƙugu. Ashe shi ma ya tsufa. Na ajiye rezar, na tsallaka, na ce ya yafe mini. Ya dube ni sama da ƙasa, ya ce zai yi tunani.

Babbar 'yata nas ce, kuma takardun asibitin nan da nake goge tebur da su, ita haddace su ta yi. Ta samu baffanta, da kyakkyawar niyya wai, ta ce ya bi a hankali, na'urar tana sa mutum yin abin da bai saba ba, wasu caca suke kamawa, wasu surutu. Washegari Auta ya aiko mini da saƙo cewa shi ba ya karɓar ban-haƙuri daga batir.

Raina ya ɓaci ƙwarai. Da na zage shi babu wanda ya ce a duba kaina, sai yanzu da na yi abin kirki sau ɗaya a rayuwata ake neman wanda ya sa ni.

Ranar ganin likita na tsaya a ƙofar shagonsa na ce, "Rufe, mu je." Ya biyo ni, 'yar tawa ma ta biyo mu tana ta huci.

Likitar mace ce mai sanyin magana, tana da ɗan allon hannu da take daidaita na'urar da shi. Ko zama ban gama yi ba na ce, "Likita, kashe mini abin nan."

"Baba, karkarwar za ta dawo cikin 'yan mintoci, kuma za ka sha wahala," in ji ta. "Me ya faru?"

Na nuna Auta. "Wannan ya ce batir ne ya ba shi haƙuri. To a cire batir daga magana, ya ji daga bakina."

Likita ta ce, "Gaskiya na'urar kan taɓa hali, ba zan musa ba. Amma ko na kashe, wani zai iya cewa ciwon ne ke magana. Shi ma a cikin ƙwaƙwalwar yake."

"Madalla!" na ce. "A kunne batir ne, a kashe ciwo ne, kafin nan kuma an ce zuciya ce ta ɗebe ni. To ni yaushe ne ni? Sai na mutu za ku yarda akwai mutum a cikin kan nan? Jikina ne, na ce ki kashe."

'Yata ta ce, "Baba, don Allah ka bari."

"Ke kuma ki yi mini shiru, kin yi naki."

Likita ta danna allon. Da farko ba komai. Sai babban yatsana ya soma motsi, sai hannun gaba ɗaya, har zoben azurfata yana ƙwanƙwasa ƙarfen kujera. Wuyana ya sandare, harshe ya yi nauyi kamar an jiƙa tawul an cusa mini a baki. Auta bai taɓa ganina haka ba, don duk shekarun ciwon labule nake ja. Ya kau da kai.

"Dube ni," na ce. Kalma biyun nan sai da suka sa ni gumi. "Auta. Na. Zalunce ka. Ka yafe mini."

Ya miƙe zumbur. "Likita, kunna masa! Kunna masa mana!"

Ta kai yatsa, na daka mata tsawa da guntuwar muryar da ta rage mini. "Kada ki taɓa. Bai ba ni amsa ba."

Auta ya durƙusa gabana, ya danne hannun nawa da nasa biyu, hannun ya ci gaba da rawa da shi har kafaɗa. Hawaye ya jiƙa masa gemu.

"Yaya, ai tun ranar da ka tsallako na yafe," ya ce. "Tsoro nake ji. Na ce idan batirin ya ƙare wata rana, sai ka sake korata."