Faci da Farin Zare

Karo na uku ke nan darakta yana sa almakashi a mazaunin wandon Wilfred, matarsa Edna kuwa na kallo, allura a hannunta.

Shekara huɗu ana yaƙi, ba a sayen tufafi sai da takardar rabo ta gwamnati, tasu kuma ta ƙare a kan takalman yara. Masu shirya ɗan fim na koya wa mata tattalin sutura suka zo birnin Leeds neman gwanar ɗinki, maƙwabta suka nuna Edna. Aka ce ta taho da tsohon wando. Wandon mijinta ɗaya ne tak, sai ta taho da shi da mai shi a ciki. Ga Wilfred can bayan labule, lulluɓe da bargo, yana kurɓar shayi ba sukari.

A ɗaukar farko fitila ta mutu. A ta biyu Edna ta manta da murmushi. Kowane karo sai an yanka sabuwar ɓula, don masu kallo su ga aikin daga farko.

"Wai ni Edna, saura nawa a wandon nan?" in ji Wilfred daga bayan labule.

"Sha shayinka, maigida. Ƙasa kake yi wa hidima."

Wannan karon komai ya tafi daidai. Ta zaro zare daga cikin kalmasar ƙafar wandon, ta saƙa ɓular a tsanake, ta ɗaga wa kyamara tana murmushi. Darakta ya karɓa, ya juya, ya kai kusa da fitila, bai ga inda aka gyara ba. Ya dafe kai, ya ce aikin ya yi kyau da yawa, mutane za su zaci ba a yi komai ba. Ya roƙe ta ta sake, da farin zare da ƙaton faci, yadda na kujerar baya ma zai gani.

"Shekara talatin ina ɗinki, ba wanda ya taɓa ganin facina," ta ce.

"Shi ne matsalar, uwargida."

Ta daɗe tana kallon farin zaren, sannan ta zura shi a allura.

Da yamma suka fito titi, Wilfred a gaba, Edna manne da bayansa, ta kare mazauninsa da jakarta.

"Rage sauri," ta ce. "Ga matar fasto can tafe."