Iya Baiwa Mai Saƙa Sunaye

Furera na tsaye a bakin ƙofar gida tana sallamar wasu mata biyu, ba ta san Iya Baiwa ta ɗage labulen ɗakinta tana jin ta ba. Cewa take yi tsohuwar ba ta da lafiya, ta daina karɓar aiki, su dawo bayan Babbar Sallah. Ɗaya daga cikinsu, mai goyo a baya, ta shiga roƙo da Yarbanci tana nuna hannun yaron. Furera ta mayar mata da Yarbancin ita ma, ta ce ko gwamna ne ya aiko, amsar da zai samu ke nan.

"Furera."

Muryar ba ta da ƙarfi. Ta juya ta ga tsohuwar dafe da bango, zani ɗaure a ƙirji, ƙafafunta sun kumbura har silifas ba ya shiga.

"Wa ya naɗa ki mai gadin ƙofata?"

"Iya, ko zama ba kya iya yi sai an tokare ki da filo."

"Da baya nake saƙa ko da hannu? Ce musu su shigo."

Suka shiga, Furera ta bi bayansu kanta a sunkuye.

Gidan haya ne irin na Agege, ɗakuna goma sha biyu suna kallon juna, da dogon lungu a tsakiya inda kowa ke ajiye risho da bokitinsa. Ɗakin Iya Baiwa ne na biyu daga ƙofa, na Furera yana fuskantarsa, shekara tara ke nan suna jin tarin juna. A Ebute Metta aka haifi tsohuwar. Ubanta ma'aikacin jirgin ƙasa ne, kakanta kuwa soja ne da ya zo daga Arewa bai koma ba. Tun tana yarinya ta koyi aikin duwatsun ado a hannun wata Bayarabiya maƙwabciyarsu, shi ya sa Yarbawan unguwa ke kiranta Iya Ileke, wato uwar duwatsu.

Abin hannu take saƙawa, mai ɗauke da sunan mai shi. Kayan aikinta ba su taka kara sun karya ba: ɗan katako mai ƙusoshi a kai da gindi, zaren da take ja a tsakaninsu, allura siririya, sai duwatsu ƙanana kamar ƙwayar gero da take sayowa a Oshodi, kowane launi a nasa gwangwanin madara. Ba ta taɓa shiga aji ba. Baƙaƙen boko a jikin taragun jirgi ta fara gane su, sauran ta ƙarasa a littattafan ɗanta Mu'azu lokacin yana firamare. Amare na zuwa wurinta, samari na zuwa a ɓoye, 'yan okada masu shirin komawa gida da damina suna zuwa da sunayen matansu a baki. Ba ta fara wa mutum aiki sai ta tambayi halin wanda za a ba, sannan ta zaɓi launi da kanta, kuma ba a yi mata gardama. Abin da kawai take ƙorafi a kai shi ne iyayen zamani, masu sa wa jariri sunan da ya fi hannunsa tsawo.

Haka take aikinta a hankali, guda biyu ko uku a mako, har ranar Lahadin ƙarshen Janairu. A ranar ne Zuwaira, ƙanwar Furera, ta ɗauki Mufida, 'yar Furera mai shekara uku da rabi, suka tafi suna a Oshodi. Da la'asar sakaliya aka ji ƙarar farko, tagogi suka yi rawa har Agege. Wasu suka ce juyin mulki ne, tunda ko shekara uku ba a yi ba da sojoji suka miƙa wa farar hula. Sai daga baya aka ji ma'ajiyar makamai ce ta barikin Ikeja ta kama da wuta. Mutane sun yi ta gudu ba su san inda suka nufa ba, da yawa sun faɗa cikin ruwa ta wajen Isolo. Washegari Zuwaira ta dawo ba takalmi, ba ɗankwali, ba yarinya. A cikin turmutsutsu aka fizge hannun Mufida daga nata.

Kwana uku Furera da mijinta Ɗanbaba, wanda mahauci ne, suna bin asibitoci da ofisoshin 'yan sanda. Har bakin ruwan nan sun je, inda aka jera gawarwaki, Ɗanbaba ya hana ta matsawa, ya je ya duba shi kaɗai. Ranar Laraba da hantsi sai ga wata mai sayar da koko daga Isolo, goye da Mufida, wani almajirin tela na nuna mata gidan. A gindin teburinta ta tsinci yarinyar, kuma tun daga lokacin Mufida ba ta ce uffan ba, ko sunanta ta kasa faɗa. Sai da matar ta zo yi mata wanka ta ga abin hannun da Iya Baiwa ta saƙa mata, 'yar matar ta karanta mata, maƙwabta suka ce ai wannan sunan Hausawa ne. Shi ne ta rufe sana'arta ta shiga bin unguwannin Hausawa ɗaya bayan ɗaya, daga wannan motar haya ta danfo zuwa waccan, har Allah Ya kawo ta Agege.

Gidan ya cika da kuka da guɗa, kowa na sa wa Iya Baiwa albarka. Ita kuwa tana zaune a kan tabarmarta. Da mutane suka ragu ta kira Furera ta ce ta ciro mata abin hannun.

"Kwana uku baiwar Allah nan na yawo da 'yar mutane a baya," in ji ta, "don kawai ban sa unguwa ba."

A ranar ta warware shi ta sake saƙawa, suna a sama, Agege da sunan layinsu a ƙasa.

Labari ya zaga. Da farko matan layin ne, sannan na bayan titin jirgi, sannan waɗanda ko sanin su ba a yi ba, Hausawa da Yarbawa da wasu 'yan Binuwai masu zuwa coci a kusa. Kowacce na jan yaro ko tana goye da shi. Bayan mako guda rikici ya ɓarke tsakanin Hausawa da Yarbawa a Idi-Araba, tsoro ya ƙaru, sai wasu maza suka fara cire wa 'ya'yansu abin hannun. Ɗanbaba ma ya tsaya a ƙofar tsohuwar, ya cire hula ya gaishe ta, ya ce shi a ganinsa wannan ba lokacin rataya wa yaro sunan Bahaushe a hannu ba ne, kowa ya gani ya san na wane ne. Ta saurare shi har ya gama.

"Wadda ta kawo maka 'yarka, Bahaushiya ce?"

Ya ce a'a.

"Ta ga sunan?"

Ya ce ta gani. Ya mayar da hularsa, ya yi mata sai an jima. Bai sake tayar da maganar ba.

Amma ciwon da ke cin ta ba na yau ba ne. Tun bara Mu'azu, wanda yanzu direban tirela ne, ya kai ta asibiti, likita ya ce zuciyarta ta gaji, ta sha magani ta huta. Maganin tana sha. Hutun ne ta ce ba ta san inda ake sayar da shi ba. Furera na gani numfashinta na gajarta, tana gani idan ta sunkuya kan katakon sai ta ɗago tana haki, kuma abin na ci mata rai, don ta san labarin 'yarta ne ya tara wannan jama'a. Shi ya sa ta fara tare ƙofa, har aka kama ta.

Bayan matan nan biyu sun tafi, ta durƙusa ta faɗa wa tsohuwar abin da ke ranta, ta ce ita ta jawo mata, kuma idan wani abu ya same ta ba za ta yafe wa kanta ba. Iya Baiwa ta yi dariya har sai da tari ya sarƙe ta.

"Shekara arba'in ina yi wa amare da samari abin gayu. Ban taɓa jin wanda ya kai mutum gida ba sai na 'yarki. Yanzu kuma ki ce in kwanta? Tunda kin ga ba ni da ƙarfi, zo ki ara mini naki."

Daga ranar Furera ta bar wa Zuwaira kaskon wainarta ta koma ɗakin da ke fuskantar nata. Ita ke rubuta sunaye a takarda da manyan baƙaƙe, ita ke zura zare a allura, ita ke tsince baƙin dutse idan ya gauraya da fari. Saƙar dai ta tsohuwar ce. Takan auna hannun yaro da babban yatsa da manuni, ta ƙara yatsa ɗaya saboda girma, sannan ta hau ɗiban duwatsu da bakin allura tana ƙirgawa a ƙasan maƙoshi. Idan an ɗauke wuta, su jawo tabarma bakin ƙofa inda haske ke shigowa. Ta daina tambayar halin yara, ta daina zaɓen launi. Fari da baƙi kawai take yi, ta ce shi ya fi karantuwa daga nesa.

Wata rana ta kusa gama na wani yaro Saminu sai ta tsaya tana kallonsa, ta fara warwarewa. Harafi ɗaya ne ya juya baya. Furera ta ce wallahi ba wanda zai lura, aikin awa biyu ne za ta zubar.

"Uwarsa ba za ta lura ba, ta san ɗanta," in ji tsohuwar. "Ba don ita nake yi ba."

A mako na uku yatsunta suka fara ƙin ɗaure ƙulli, ta koma ja da haƙori. Mu'azu ya zo daga tafiya ya ga halin da take ciki, ya ce gobe da safe sai asibiti. Tsohuwar ta tambayi Furera suna nawa suka rage a takarda, Furera ta ce huɗu. Tsohuwar ta ce to jibi. Ya yi faɗa, ya fita ya zaga layin ya dawo, ya zauna a bakin gado yana riƙe mata katakon, don cinyarta ba ta iya ɗaukarsa kuma.

Na ƙarshe na wata jaririya ce Ummukulsum. Ta saƙa shi tana tsokanar uwar, ta ce da sunan ya ƙara harafi ɗaya sai dai a ɗaura mata a wuya. Ta ja ƙullin, Furera ta ƙyasta ashana ta ƙone bakin zaren. Tsohuwar ta ɗaura wa yarinyar da kanta, ta juya ɗan hannun sama da ƙasa tana dubawa, sannan ta ce a kawo mata ruwa ta wanke hannu. Ta nemi shayi da burodi, ta ci fiye da yadda ta ci a kwanakin nan, har ta tambaya ko raguna sun yi araha bana, don tun da safe take jin kukansu daga bakin titin jirgi.

Washegari Mu'azu ya fita neman tasi. Furera na gyara mata filo sai tsohuwar ta ce a ɗage labule, tana son ganin lungu. Aka ɗage. Wata na wanke-wanke, wata na jijjiga yaro, hayaƙin risho ya tokare rufi. Ta daɗe tana kallo. Sai Furera ta ji numfashinta ya canza, ta riƙe hannunta ta fara karanta mata kalmar shahada, leɓunan tsohuwar na bi a hankali. Kafin tasin ta samu wurin tsayawa a ƙofar gida, rai ya yi halinsa.

Furera na cikin waɗanda suka yi mata wanka. A nan ta ga yadda zare ya yi wa yatsunta kanta, wani layi mai tauri a gefen manuni wanda ruwa bai tausasa ba. Bayan azahar maza suka ɗauke ta, layin ya cika har 'yan okada suka kashe injinansu suka tura da ƙafa. Mata suka zauna a lungu da tsakar gida da ƙofar maƙwabta, ana gaisuwa da harshe uku. Mai kokon nan ta Isolo ma ta zo da yamma, ba wanda ya san wa ya gaya mata. Ta zauna kusa da Furera ta ɗora Mufida a cinya.

Bayan addu'ar bakwai Mu'azu ya sa wa ɗakin kwaɗo ya koma wurin iyalinsa. Ranar Sallah da rana Furera na suyar nama a lungu, tana zuba wa maƙwabta nasu a faranti-faranti, Mufida na kaiwa cikin sabuwar rigarta. Da ta waiga sai ta ga yarinyar ta ɗauki faranti ɗaya ta tsallaka, ta tsaya a ƙofa ta biyu tana bugawa da tafin hannu. Ta buga, ta saurara, ta sake bugawa. Da ba a amsa ba sai ta gyara rigarta ta zauna a kan dokin ƙofar, ta ɗora farantin a cinya, ta rufe shi da hannu biyu saboda ƙuda.

Furera ba ta kira ta ba. Ta rage wutar risho ta ci gaba da juya naman.