Ƙafar Kujera a Wilin Shekaru

A tsakiyar garin akwai wata hasumiya mai matakala ɗari uku, kuma ita ce take tafiyar da lokaci. A can ƙoli akwai wili biyu na tagulla. Ƙaramin shi yake kawo safiya da yamma. Babban kuwa, mai juyawa a hankali kamar an sa shi dole, shi yake sa gashi ya tsiro, 'ya'yan itace su nuna, mutane su tsufa. Mai kula da su wani dattijo ne da ake kira Mai Gwangwani, don ba a raba shi da gwangwanin man giris. Shekara talatin yana wannan aiki, duk gari ana girmama shi. A gidansa ne kawai labarin girman bai iso ba.

Wata safiya matarsa tana taje kai a gaban madubi, sai ta kurma ihu. Ya rugo da takalmi ƙafa ɗaya, ya zaci kunama ce. Ashe furfura ce, sili uku.

"Maigida, ka ga aikinka?"

"Aikina kuma? Ni na shuka miki su?"

"Wa yake zuba wa wilin nan mai kullum? Yau ɗin nan ka je ka tsayar da shi."

"Haba, uwar Auta! Rantsuwa fa na yi a gaban dattawan gari."

"Ni ma a gaban dattawa ka ce za ka faranta mini rai. Ina nan ina jira."

Kwana biyu yana turjewa. Ta daina yi masa magana, ta koma aika saƙo ta bakin kyanwa: "Mage, faɗa wa mutumin nan abincinsa yana kan tebur." A rana ta uku ya karya ƙafar wata tsohuwar kujera, ya hau hasumiya da ita, ya cusa tsakanin haƙoran babban wilin. Wilin ya yi wata ƙara kamar tsoho ya yi gyatsa, ya tsaya cak.

Da farko ba wanda ya lura, tunda gari yana wayewa, rana tana faɗuwa. Madara ta daina tsami, kifi ya daina ruɓewa, masu sayar da shi suka yi ta murna. Sannu a hankali abin ya fara ɗaci. Mai aski, mijin Auta 'yar Mai Gwangwani, ya koma wuni yana wasa reza ba ko mutum ɗaya a shago. Shugaban gari kuwa maruru ne ya fito masa a mazaunai, ya ƙi nuna, ya ƙi fashewa. A tsaye yake shari'a, kuma duk wanda ya zo gabansa, mai ƙara da wanda ake ƙara, sai ya sha ɗauri.

Amma ba wanda ya ji jiki kamar Auta. Ranar da aka tsayar da wilin cikinta wata tara ne cif. Wata ɗaya ya wuce, na biyu ya wuce, har huɗu. Ƙafafunta kamar an hura, ta manta kamannin yatsunta. Ungozoma ta gaji da zuwa, ta ce in yaron ya yanke shawara a aiko mata.

Wata rana Auta ta lallaɓa gidan iyayenta, ta je zama, uwar ta ce, "Kar ki hau waccan, ƙafarta uku." Sai ta shafa kai tana murmushi. "Kin ga ni dai wata huɗu ke nan ban ƙara furfura ko ɗaya ba."

Auta ta dubi kujerar, ta dubi kan uwarta.

"Inna, ina ƙafar kujerar nan take?"

Uwar ta shiga gyara ɗankwali, ta ce ita ba ta san harkar kujeru ba.

Auta ta juya. Ta fita, ta nufi hasumiya, ta kama matakala tana nishi, uwar na biye da ita tana, "Ke Auta, ki bari mu yi magana! Wata ɗaya kawai ki ƙara mini!" A ƙoli suka tarar da Mai Gwangwani ya miƙe a benci yana minshari. Ya farka ya ga 'yarsa a kansa tana haki.

"Baba, ashe kai ne?"

Ya nuna matarsa da ɗan yatsa. Matar ta nuna shi.

Auta ta dafa wilin da ƙafa, ta kama itacen da hannu biyu, ta fizge.

Wilin ya zabura yana biyan wata huɗu a lokaci guda, hasumiya tana girgiza. A kasuwa gemu ya feso wa maza har wuya, kifi ya ɗauki warin da ya kori masu shi daga rumfa. Shugaban gari yana tsakiyar yanke hukunci marurun ya fashe, ya saki wata ajiyar zuciya, ya ce a sallami kowa da kowa. A can sama kuwa naƙuda ta kama Auta nan take. Ba lokacin kiran ungozoma, uwar ce ta karɓi haihuwar, Mai Gwangwani ya juya baya yana riƙe da gwangwaninsa. Yaron ya faɗo ƙato, wuyansa a tsaye, ya dube su ɗaya bayan ɗaya ya ƙyalƙyale da dariya.

Bayan kwana uku dattawa suka zauna, shugaban gari ma a zaune, kan matashi biyu. Aka karɓe mabuɗin hasumiya daga hannun Mai Gwangwani aka ba Auta, don a cewarsu duk garin ba wanda ya kai ta sanin ciwon jira. Mijinta bai halarci zaman ba, layin masu jiran aski ya kai bakin titi.

Mai Gwangwani ya koma gida rainon jika. Matarsa ta yi masa gaba ta sati guda, wai da ya cusa itacen da kyau da yarinya ba ta iya zare shi ba. Daga baya ta huce. Shi dai a bakinsa, bai taɓa aikin da ya kai goyon yaron nan wahala ba, kuma duk wanda ya wuce ta ƙofar gida sai ya tsayar da shi ya ɗaga yaron, ya ji nauyinsa da kansa.