Shinkafar Marigayiya

Tsuneo ya danna wa tukunyar shinkafa mai lantarki maɓalli, ta yi ɗan kuka, ta nuna masa sai da yamma za ta dahu. Ya sake dannawa, ta ɗauke wuta gaba ɗaya.

"Ka kashe ta ko?" in ji matarsa Fumie daga ɗaki, murya a shaƙe.

"Hutawa take yi."

Tun da ya aure ta bai taɓa riƙe ludayi ba, sai yanzu da kai ya yi fari fat. Fumie ta dawo daga asibiti ba ta cin komai. Abincin kanti da yake sayo mata, shinshinawa take yi ta ture. 'Yarsu Kanae kuwa ta riga ta yanke hukunci ta waya: tana tafe a jirgin ƙasa da tsakar rana, in ta tarar uwarta ba ta ci ba, asibiti za ta mayar da ita, daga can sai gidan kula da tsofaffi.

Yau da safe Fumie ta ce zosui take marmari, romon nan da ake zuba wa dafaffiyar shinkafa da ƙwai. Akwai sauran kaza da romonta da maƙwabciya ta kawo jiya. Dafaffiyar shinkafa ce babu.

Ya tsaya a falo yana sosa ƙeya, sai idonsa ya faɗa kan akwatin magabata da ake ajiye wa mamatan gida abinci, inda hoton mahaifiyarsa yake kusa da na mahaifinsa, da turare a gabansu. Ga kwanon shinkafar marigayiya, maƙwabciyar ta cika mata shi har da tozo. Al'ada ba ta hana a sauke a ci ba. Fumie ce ta hana. Kullum ita ke zuba wa tsohuwar ludayin farko, amma in ta sauke, tsuntsaye take watsa wa. Ta ce matar da har ta mutu ba ta taɓa yaba girkinta ba, ba za ta ci sauranta ba.

Tsuneo ya durƙusa, ya kaɗa 'yar ƙararrawar da ke gaban hoton a hankali, ya haɗa tafin hannuwa. "Inna, ki yi haƙuri. Ke dai ba yunwa kike ji ba."

"Baban Kanae, wa kake wa magana?"

"Kaza!"

"To ka yayyage ta ƙanana. In ka samu shinkafar, ka ɗauraye ta da ruwan sanyi kafin ka zuba, kada ka dama mini kunu. Ƙwai a ƙarshe, ka kashe wuta, ka rufe."

Ya ɗauraye ta har yatsunsa suka sandare. Ya zuba a romo, ya fasa ƙwai, ya tsamo ɓawon da cokali, ya yanka ganyen albasa kamar mai faskare. Ya kai mata a tire yana kallon gefe.

Fumie ta ɗaga cokali, ta kai hanci, ta tsaya.

"Turare nake ji."

"Hancinki ne, mura ce."

"Tsoho, ni za ka yi wa ƙarya? Kunnenka ya yi ja. Ta tsohuwarka ce."

Ya zauna a bakin shimfiɗa. Bai iya gardama ba, bai taɓa iyawa ba. Can waje jirgin ƙasa ya wuce, bai sani ba ko shi ne na Kanae.

"In ba ki ci ba za su tafi da ke," ya ce. "Ni ko tukunya ba ta jin maganata."

Ta dube shi. "Ka roƙe ta?"

"Na roƙa."

"Me ta ce?"

"Ba ta ce komai ba."

"Lallai ta mutu." Ta kai cokalin baki. Ta tauna a hankali, ta yatsine fuska. "Gishiri ya yi yawa. Albasar nan kuma itacen girki ce?"

Ba ta ajiye cokalin ba sai da ya fara karce gindin kwano. Ta miƙo masa.

"Ƙaro."

"Romo dai akwai. Shinkafar ke nan."

Fumie ta gyara matashi, ta jingina.

"Babanka fa? Shi ba a zuba masa ba?"